Yaya darakta ɗan gudun hijira ke yi wa gwamnati shaguɓe a fim?

Mai-Majigi: Jama'a, darakta da ya bar ƙasarsa, ta ina yake bi ya zolayi masu mulki, har fim ɗin ya kai ga 'yan kallo?

Ɗan-Sinima: Malam, sai da dabara. Luis Buñuel ya koma Sifaniya daga Meziko ya shirya fim ɗin Viridiana a 1961. Masu tace finafinai na gwamnatin Franco, mai mulkin kama-karya na Sifaniya a lokacin, suka ƙi amincewa da ƙarshen labarin, sai ya mayar da shi wasan karta na mutum uku, wanda ya fi na farkon habaici. Fim ɗin ya ci Palme d'Or, babbar kyautar bikin finafinai na Cannes a Faransa, jaridar fadar Paparoma ta yi tir da shi, Sifaniya ta haramta shi har zuwa 1977.

Mai-Nazari: Babbar matsalar kasuwa ce. Bayan Amurka ta soke takardar izinin komawar ɗan wasan barkwanci kuma darakta Charlie Chaplin ƙasar a 1952, a Ingila ya yi A King in New York a 1957, yana caccakar farautar 'yan kwaminisanci da ake yi a Amurka. Ba a nuna shi a Amurka ba sai shekarun 1970, zancen ya riga ya huce.

Ɗan-Sinima: Gaskiya ne. Kuma a ganina wa'azi ya yi yawa cikinsa, dariya ta yi kaɗan.