Yaron nan na fim ɗin Charlie Chaplin, ina ya ƙare ne?

Maman Hanif:
Salamu alaikum 'yan uwa. Jiya da daddare na kalli wani tsohon fim na Charlie Chaplin mai suna The Kid, irin na zamanin da ba a jin magana, sai kiɗa da ɗan rubutun da ake sakawa tsakani. Akwai wurin da ma'aikatan gidan marayu suka zo suka ɗauke yaron suka jefa shi a bayan mota, yana miƙo hannaye yana kuka yana kiran mutumin da ya raine shi, wato Chaplin ɗin, ba murya ba komai amma wallahi sai da na share hawaye. Don Allah wanda ya sani, waye wannan yaron, kuma me ya same shi da ya girma?

Dattijo:
Wa alaikumus salam 'yata. Sunansa Jackie Coogan, an haife shi a Los Angeles a 1914. Babansa ɗan wasan dandali ne, to a wani gidan wasa a can ne Chaplin ya ga yaron yana 'yar rawa a gaban jama'a sai ya shiga ransa. Lokacin da ake ɗaukar fim ɗin bai wuce shekara 5 ba, ya fito a 1921. Kuma ki sani a 1919, dab da fara aikin, Chaplin ya rasa ɗansa na fari yana da kwana 3 a duniya, ni dai duk sanda na ga yadda ya rungume yaron nan a bayan motar sai na tuna da wannan rashin. Daga nan yaro ya zama tauraro, ya yi fim ɗin Oliver Twist a 1922, ana buga hotonsa a jikin kayan wasa da kayan rubutu, har ya gana da Fafaroma a 1924 lokacin da yake yawon tara wa marayun Gabas ta Tsakiya taimako.

Abban Zara:
Baba Dattijo ka tsaya a wurin daɗi, bari na ƙarasa inda yake min ciwo. Yaron nan ya tara kuɗi da aka ƙiyasta dala miliyan 3 zuwa 4, a kuɗin wancan lokacin fa. A 1935 suka yi hatsarin mota babansa ya rasu, shi kaɗai ya tsira a motar, a shekarar kuma ya cika 21 yana sa ran a damƙa masa guminsa, ashe uwarsa da mijin da ta aura daga baya sun cinye kusan duka a motoci da kayan ado, kuma dokar lokacin tana bayansu saboda abin da yaro ya samu na iyayensa ne. A 1938 ya maka su a kotu, bayan an cire kuɗin shari'a dala dubu 126 kawai ya tashi da ita. Saboda wannan ƙarar ne jihar Kalifoniya ta yi doka a 1939 wadda ake kira da sunansa, yanzu dole a ware kashi 15 cikin 100 na abin da yaro ɗan wasa ya samu a asusun da ba mai taɓawa sai ya girma.

Maman Hanif:
Innalillahi, uwar da ta haife shi? Kai abin ya taɓa ni. Amma kashi 15 ai ya yi kaɗan, tunda shi ya yi wahalar.

Hajiya Babba:
Ƙanwata ba shi kaɗai ba ne. Akwai yarinya da ake ce wa Baby Peggy, tun ba ta kai shekara 2 ba aka fara sa ta a gaban kyamara, ta yi gajerun finafinai kusan 150, ita ma kuɗin suka salwanta a hannun danginta, da babanta ya yi rigima da furodusa sai aka daina ba ta aiki tana 'yar shekara 6 zuwa 7. Ta rasu a 2020 tana da shekara 101. Abin da ya sa yara ke iya wasan a lokacin, tunda ba a naɗar murya darakta na tsaye gefe yana faɗa musu yi kuka, waiga, ruga, kyamara na tafiya.

Dattijo:
Haka ne Hajiya. Shi Coogan dai bai kwanta ba, ya shiga soja a yaƙin duniya na biyu yana tuƙa jirgin da ba shi da inji zuwa ƙasar Bama (Myanmar a yau), daga baya daga 1964 zuwa 1966 ya fito a talabijin a matsayin wani kawu mai sanƙo a wasan barkwanci mai suna The Addams Family. Ya rasu a 1984.

Maman Hanif:
Na gode Baba, na gode Hajiya. Yau zan nemo Oliver Twist ɗin na kalla da yara.