Ya ce zai yaɗa hotonta in ba ta turo kuɗi ba, me za ta fara yi?

Mai tambaya: Assalamu alaikum 'yan uwa. Mace ce ta saba da wani a WhatsApp, ta tura masa hoto irin wanda ake buɗewa sau ɗaya ya ɓace. Yanzu ga shi ya dawo da hoton, wai ko ta turo kuɗi ko ya watsa wa danginta. Ta biya ta huta, ko ta toshe shi ta goge komai?

Amsa ta farko: Wa alaikumus salam. Kada ta ba shi ko sisi. Wanda aka biya sau ɗaya ya gane akwai tsoro, akwai kuɗi, gobe ma zai dawo. Kuma kada ta goge hirar, ita ce shaidarta. Ta ɗauki hoton allo na barazanar yadda lambarsa da kwanan wata za su fito, haɗe da asusun da ya ce a tura kuɗin. Bayan nan ta kai ƙararsa a cikin manhajar, WhatsApp zai karɓi saƙonninsa 5 na ƙarshe, sannan ta toshe shi, ta kai wa 'yan sanda shaidar. Batun ɓacewar hoto kuwa, wata waya kawai ya sa ya ɗauki hoton allon wayarsa kafin hoton ya ɓace.

Amsa ta biyu: In hoton yana wayarta, ta shiga StopNCII, shafin intanet da ke taimakawa wajen hana yaɗa hotunan tsiraici. Hoton ba ya barin wayar, wani tambari na lambobi ake ciro masa a ba su Facebook, Instagram da TikTok, su gane shi in an zo ɗorawa. Sai dai fa ba ya aiki a hirar WhatsApp, don ita a kulle take daga waya zuwa waya. In shekarunta ba su kai 18 ba a hoton, shafin Take It Down, mai irin wannan aiki don masu ƙananan shekaru, za ta nema.

Amsa ta uku: 'Yar uwa, a duba asusunta na WhatsApp. Ta buɗe jerin na'urorin da ke haɗe, ta cire duk wadda ba ta sani ba, ta kunna tabbatarwa mai mataki biyu. Lambobi 6 ɗin nan da ke zuwa ta saƙon tes, duk wanda ya ce bisa kuskure ya turo mata, wai ta karanto masa, kada ta yarda, asusun yake so ya ƙwace, ya samu duk zaurukan da take ciki. Sannan ta faɗa wa babba guda da ta yarda da shi tun yau, kafin shi ya riga ta.