Wai da gaske mutum ɗaya ya ci wasa 511 a besbol?

Ɗan Fagge:
Salamu alaikum jama'a, dan Allah masu sanin wasan besbol na Amurka ku taimaka min. Kwanan nan na fara bin wasan nan a waya saboda wani ƙanina da ke karatu a can ya dame ni da shi, to sai nake ta jin ana cewa wane ya ci kyautar Cy Young ta gwanin masu jifan ƙwallo na shekara, wane ya ci sau uku, da na tambaya aka ce ai sunan wani mai jifan ƙwallo ne na zamanin da, wai ya ci wasa 511 shi kaɗai. Ni kuma a ɗan kallon da na yi mai jifa ko wasan ba ya gamawa, yana yin zagaye biyar ko shida sai a cire shi a sa wani. Ta yaya mutum zai tara 511? Ko dai lissafin mutanen da ne da ba a rubuta shi da kyau ba?

Malam na Ohio:
Wa'alaikumus salam ɗan'uwa. Lissafin nan daidai yake, a rubuce yake wasa bayan wasa. Sunansa na yanka Denton True Young, an haife shi 1867 a wani ɗan ƙauye Gilmore a nan jihar Ohio da nake zaune, ɗan manoma ne, bai yi nisa a makaranta ba ya koma gona. Cy ɗin laƙabi ne, gajarta kalmar guguwa ce a Turanci, labarin da ake bayarwa shi ne lokacin da aka gwada shi a garin Canton jifansa ya farfasa katakon shingen fili kamar guguwa ta bi ta wurin.

Ya shiga babbar gasa a 1890 da Cleveland Spiders, bai ajiye ba sai 1911, shekara 22 ke nan. Kuma abin da ya kamata ka riƙe shi ne a lokacinsu in ka fara wasa kai za ka gama shi, babu zancen a cire ka don ka gaji. Ya fara wasa 815, ya kai 749 har ƙarshe da hannunsa. Zagayen da ya jefa 7,356. Shi ya sa ma shi ne kuma ya fi kowa shan kaye a tarihi, sama da sau 300 aka ci shi, wanda ya fi kowa shiga ruwa ai shi zai fi kowa jiƙewa. Mai bi masa a yawan nasara Walter Johnson ne da 417, ka ga tazarar kusan ɗari.

Ɗana yana buga na yara a unguwarmu, shekararsa 12, kocinsu yana tsaye da ɗan abin ƙirga a hannu yana dannawa duk jifa ɗaya, da ya kai 85 shi ke nan a fito da yaro ko da kuwa ana tsaka da cin wasa, ranar nan sai da yaron ya yi hawaye da aka karɓe ƙwallon daga hannunsa. Tun daga ƙasa haka ake renonsu yanzu saboda tsoron jijiyar gwiwar hannu. Mai jifa a babbar gasa yau yana fara wasa wajen 30 da ɗoriya a shekara, ko ya ci 20 duk shekara, wanda da ƙyar ake samu yanzu, har shekara 25 a jere, 500 zai tara, bai kamo shi ba.

Ɗan Fagge:
Ikon Allah. To Malam shi hannunsa ba ya ciwo ne? Ko jifan nasu ba mai ƙarfi ba ne kamar na yanzu?

Malam na Ohio:
Yana da ƙarfi sosai a farkonsa, amma abin da ya raya shi saiti ne. Ba ya ɓarnar jifa, inda ya nufa nan take zuwa, ba ya yawan ba mai bugu hanya kyauta zuwa zangon farko saboda jifan da ya kauce, kuma an san shi da rashin yawan ɗumama hannu kafin wasa don kar ya ƙarar da ƙarfinsa a banza. In kakar wasa ta ƙare sai ya koma gona yana faskaren itace da sauran aikin ƙarfi har sanyi ya wuce. A 1893 aka ƙara nisan wurin jifa zuwa ƙafa 60 da inci 6, wanda har yau shi ake amfani da shi, masu jifa da yawa abin ya karya su, shi kuwa ya ci gaba da cin wasa 30 da wani abu a wasu shekarun.

Ni abin da ya fi burge ni ma bayan ya manyanta ne. A 1899 masu Cleveland suka kwashe shi da sauran gwanayen suka kai ɗayar ƙungiyarsu ta St. Louis, Spiders ɗin da aka bari a baya suka ci 20 aka ci su 134 a shekarar. A 1901 ya tsallaka sabuwar gasar American League ya koma Boston yana da shekara 34, ana ganin ya fara tsufa, sai ya ci wasa 33. A 1903 shi ya yi jifan farko a World Series ta farko, wato wasannin ƙarshe na fitar da zakara tsakanin gasannin biyu, Boston ta doke Pittsburgh. Ranar 5 ga Mayu 1904 kuma ya kara da Philadelphia Athletics, masu bugu 27 suka fito ɗaya bayan ɗaya babu wanda ya taka ko zangon farko, aka tashi 3 da nema.

Maman Ilham:
Malam na gode da bayanin nan amma akwai abin da ba ka taɓo ba kuma ni yana ci min rai duk lokacin da ake yabon mutanen wancan zamani. Duk shekara 22 ɗin nan an rufe wa baƙaƙen fata ƙofar babbar gasa. Moses Fleetwood Walker ya buga wa Toledo a 1884, bayan nan aka toshe hanya har sai da Jackie Robinson ya shiga a 1947. Satchel Paige fa, sai da ya kai shekara 42 sannan Cleveland ta ɗauke shi a 1948, ƙuruciyarsa duk ta tafi a gasar baƙaƙe da yawon buga wasa gari gari. Ban ce Young ba gwani ba ne, amma bai kara da duk gwanayen ƙasarsa ba, ya kamata a riƙa faɗin wannan tare da 511 ɗin.

Malam na Ohio:
Gaskiyarki Hajiya, ban da ta cewa a nan. Abin da zan ƙara kawai, ya rasu a Nuwamba 1955 yana da shekara 88, shekara mai zuwa 1956 aka fara ba da kyautar da sunansa, kuma wanda ya fara ɗaukarta Don Newcombe ne na Brooklyn Dodgers, baƙar fata, wanda shi ma daga gasar baƙaƙen ya fito. Da farko mutum ɗaya ake ba wa, daga 1967 aka koma kowace gasa cikin biyun, American League da National League, da nata.

Ɗan Fagge:
Allah ya saka muku da alheri Malam da Hajiya, yanzu na gane inda 511 ta fito. Shi wannan Satchel Paige ɗin ban taɓa jin sunansa ba sai yau, dan Allah Hajiya in kin samu sarari ki ba mu labarinsa, shekara 42 fa, ya aka yi hannunsa ya kai har lokacin?