Neman shawara: siyasar ƙarƙashin ƙasa, ta kabal ce ko ta talaka?

Ƙanwarku Ɗaliba:

Assalamu alaikum iyayena da yayyena na wannan zaure. Ina shekarar ƙarshe a sashen kimiyyar siyasa, kuma binciken kammala karatuna a kan abin da masana ke kira siyasar ƙarƙashin ƙasa ne. Na zaɓi kasuwar garinmu mai ci mako-mako, ina duba yadda 'yan kasuwa ke kwashewa da masu yankan rasit. Da na kai babi na biyu, malamin da ke duba ni ya dawo min da shi duk jan biro, ya ce na cakuɗa abubuwa biyu da ba su haɗa hanya ba, in je in zaɓi ɗaya.

A babin na kawo maganar kabal, wato 'yan tsirarun da ake cewa suna juya gwamnati a bayan fage, na zamanin 'Yar'aduwa da na Buhari, na taɓo rukunin manyan Arewa da ake kira Kaduna Mafiya, sannan na gangaro kan manomin da ke sayar da buhunsa a bakin hanya kafin ya iso kasuwa don kada a yanka masa rasit. Ni a ganina duk jirgi ɗaya ya kwaso su, tunda iko ne da ba ya cikin takarda. Malam ya yi tafiya, lokaci kuma ya ƙure. Don Allah mene ne ainihin ma'anar abin nan? Wanne zan riƙe, ko maudu'in ma zan canza?

Ɗan Adawa:

Wa alaikumus salam. Ƙanwata, riƙe kabal ki watsar da zancen buhu. Nan nama yake. A Nuwamba 2009 aka fita da 'Yar'aduwa Saudiyya, ƙasa ta yi wata biyu da ɗoriya ba a san takamaiman wanda ke sa hannu a takardu ba, har sai da majalisa ta ɗora Jonathan a matsayin muƙaddashi ranar 9 ga Fabrairu 2010. Dora Akunyili tana cikin majalisar ministoci ta fito ta yi maganar wasu 'yan tsiraru da suka kewaye shugaban. A Oktoba 2016 kuma Aisha Buhari da bakinta ta faɗa wa sashen Hausa na BBC cewa mijinta bai san yawancin waɗanda aka naɗa a gwamnatinsa ba. Wace shaida kike nema da ta wuce ta matar gida? Mai buhun gero wane iko gare shi?

Malamin Tarihi:

'Yata, kada ki canza maudu'i. Maudu'inki ya fi na mutane da yawa kyau, kuma malaminki gaskiya ya faɗa miki, sai dai ya taƙaita.

Wanda ya yayata wannan kalma shi ne James Scott, Ba'amurke, malami a jami'ar Yale, ya rasu a 2024. Tsakanin 1978 da 1980 ya zauna a wani ƙauyen manoman shinkafa a jihar Kedah ta Malesiya. A lokacin an kawo noman rani, ana girbi biyu a shekara, sannan injinan girbi suka shigo suka ƙwace aikin ƙodagon da talakan ƙauyen ke ci da shi. Scott ya ga ba bore, ba zanga-zanga, ba ƙungiya, amma kuma ba wanda ya miƙa wuya. Matan da ke dashen shinkafa sai su yi ta jan ƙafa wajen zuwa gonar wanda ya ɗauko inji, in an tambaye su su ce aiki ne ya yi musu yawa a wata gonar. Da dare a zuba wa inji yashi, ko a dasa ƙarfe a cikin shinkafa. A yi wa mai kuɗi marowaci laƙabi, a yi ta yi da shi a bayan ido. Wannan ya tattara a littafinsa na 1985, wanda za a iya fassara sunansa da Makaman Marasa Ƙarfi. A na 1990 ne ya raɗa wa abin suna infrapolitics, wato siyasar ƙarƙashin ƙasa, ya ce kamar hasken nan ne da ke ƙasa da ja a jerin launuka, yana nan amma ido ba ya kama shi.

To kin ga a wurinsa abin na na-ƙasa ne. Ya ce wanda ake mulka yana da baki biyu: wanda yake magana da shi a gaban mai iko, da wanda yake magana da shi in ya koma cikin 'yan'uwansa. Mu ai ba sai an fassara mana wannan ba. A faɗi a yi gaisuwa a ce ranka ya daɗe, a fita zaure a ce Allah ya isa. Habaici, zambo, waƙar niƙa da mace ke yi tana jifan kishiya ko uwar miji ba ta kama suna ba, wasan tashe da yara ke kwaikwayon manya a cikinsa. Kowa ya yi zagi a kasuwa ya san da wanda yake, amma ba alƙalin da zai iya kama shi.

Kuma tarihinmu cike yake da shi. Mutanen Satiru, kusa da Sakkwato, a 1906 sun fito fili sun tunkari Turawan mulkin mallaka da gatari da fartanya, aka shafe garin daga doron ƙasa. Kowa ya ga abin da ya faru, don haka galibin tirjiyar da ta biyo baya ta koma ɓoye: gudun haraji, rage yawan mutanen gida in an zo ƙidaya, Fulani su kora shanu daji ko su ƙetara iyaka lokacin jangali. NEPU da aka kafa a 1950 ba ita ta ƙirƙiro wannan ƙorafi ba, ta tarar da shi ne a ƙasa ta ba shi lasifika. Da Rimi a Kano da Balarabe Musa a Kaduna suka soke haraji da jangali a 1979, abin da talaka ya shekara saba'in yana yi da ƙafarsa ne ya zama doka. Manominki mai buhu jikan waɗannan ne.

Ɗan Adawa:

Allah ya gafarta Malam, to kabal ɗin fa? Ƙarya ne ke nan?

Injiniya daga Ankara:

Ba ƙarya ba ne Yaya, sunansa ne daban. A nan Turkiyya suna ce masa gwamnati mai zurfi, wato gwamnatin da ke cikin gwamnati, kuma daga nan kalmar ta bazu duniya. Abin da ya fito da ita fili hatsarin mota ne a kusa da garin Susurluk ranar 3 ga Nuwamba 1996. Wata Marsandi ta afka wa babbar mota. A cikinta akwai babban jami'in 'yan sanda Hüseyin Kocadağ, da Abdullah Çatlı wanda 'yan sandan duniya ke nema ruwa a jallo, da ɗan majalisa Sedat Bucak na ɗaya daga cikin jam'iyyun da ke mulki, shi kaɗai ya tsira. Me ya haɗa ɗan sanda da wanda yake nema da ɗan majalisa a mota ɗaya, ga makamai a but? Ministan cikin gida Mehmet Ağar sai da ya sauka. Daga baya Masarawa da Sudawa suka ari kalmar, a 2017 kuma magoya bayan Trump suka ɗauke ta suna nufin ma'aikatan gwamnati da jami'an leƙen asirin da suke zargin suna yi masa zagon ƙasa.

Ƙanwata, ki lura da inda bambancin yake. Mutanen cikin motar nan suna ɓuya ne don kada a tuhume su, alhali bindiga da hatimi suna hannunsu. Mai buhunki yana ɓuya ne don in ya fito fili shi za a kama. In kin sa su a babi ɗaya kin mai da mai duka da wanda ake duka abu guda.

Baba na Maraɗi:

Ni dai ban yi boko mai zurfi ba, amma da na ji an ce ƙarƙashin ƙasa, jam'iyyar Sawaba ta nan Nijar ce ta faɗo mini. Shugabanta Djibo Bakary ya ce a'a ga Dagol na Faransa a ƙuri'ar raba gardama ta 1958, aka haramta jam'iyyarsa a 1959, mutanensa suka shiga ɓoye, wasu suka fita waje koyon yaƙi. A 1964 suka shigo da makamai aka murƙushe su, a 1965 aka jefa wa shugaban ƙasa Diori gurneti a filin idi bai same shi ba. Mu abin da muka sani da wannan suna ke nan. Jikata, ki tambayi malaminki ko wannan ma yana ciki.

Malamin Tarihi:

Baba, Allah ya ƙara girma, kun kawo na uku. Sawaba tana da shugaba, tana da manufa, mulki take nema, hana ta fili aka yi shi ya sa ta ɓuya. Abin da Scott ke nufi ba shi da shugaba, ba kati, ba taro. Misalinsa a wajenku shi ne mutanen da suka riƙa sulalewa zuwa Katsina da Daura da Kano zamanin aikin tilas na Faransa, kafin a soke shi a 1946. Ba wanda ya kira su taro, kowa dare ya yi ya ɗaure kayansa, amma da suka yi yawa sai da kumandan ya ji a rajistarsa.

Tsohon Ma'aikacin Ƙaramar Hukuma:

Ku yi haƙuri in ɓata muku daɗin hirar. Na yi shekaru ina yankan rasit a kasuwa, kuma ina jin yadda ake neman mai da duk wanda ya zille mana gwarzo. Wallahi wanda ya fi kowa zille wa rasit ba mai buhu ɗaya ba ne. Dillalin da ke loda tirela ne, wanda zai kira ciyaman a waya a ce mana mu ƙyale shi. Shi ma tirjiya yake yi? Mai algus a mudu fa, da wanda ke jiƙa hatsi don ya yi nauyi? Ai talaka ɗan'uwansa yake cuta. Sannan mu kanmu masu rasit, a yi wata da watanni ba albashi, wani ya buga nasa littafin rasit ɗin ya riƙa yanka. Shi a wane layi za ki sa shi, na sama ko na ƙasa? Ki shiga kasuwar da ido biyu, 'yata, kada tausayi ya rubuta miki babin.

Hajiya Malama:

Ina bayan wannan magana. Kuma ba yau aka fara yi wa Scott wannan suka ba. Lila Abu-Lughod, wadda ta zauna da matan Larabawan ƙauye na ƙabilar Aulad Ali a Masar, ta yi rubutu a 1990 tana jan kunnen masu bincike da su daina shauƙin tirjiya, suna ganin jarumta a duk inda mace ta ɓoye wa mijinta wani abu. Ta ce amfanin tirjiya ga mai bincike shi ne ta nuna masa inda iko yake danna mutane. 'Yammatan da ta gani suna bijire wa dattawansu ta hanyar sayen kayan kwalliyar birni, suna fita daga wani iko ne suna faɗawa wani, na kasuwa da na dogaro da aljihun miji.

Akwai ma misalin da ya fi kusa da mu. Manoman Kedah ɗin nan Musulmi ne, kuma cikin abin da Scott ya lissafa har da ƙin kai cikakkiyar zakkar shinkafa ga hukumar jiha. Da yawansu ba zakkar suka ƙi ba, hannun da ke karɓa ne ba su yarda da shi ba, suna ba mabuƙatan da suka sani a ƙauye da kansu. Amma ba makawa akwai wanda rowa ce kawai ta hana shi, ya fake a bayan sauran. Daga waje duk kamarsu ɗaya.

Ƙanwarku Ɗaliba:

Na gode ƙwarai iyayena. To Baba Malam, Hajiya, in daga waje kamarsu ɗaya, ni ta yaya zan raba su? Ba zan iya shiga zuciyar mutum ba. Kuma har yanzu ina ganin ciyaman ɗin da ke kiran waya a ƙyale tirela ƙaramin kabal ne, yana cikin kasuwar tawa, ban ga yadda zan fitar da shi ba.

Malamin Tarihi:

Kada ki fitar da shi. Ki fitar da Abuja da Kaduna dai, ki ba su shafi ɗaya a farkon babin, ki ce ga wata ma'ana da ake yawan cakuɗawa da wannan, ga dalilin da ba ita nake bi ba. Ciyaman da dillalinsa kuma su zauna a matsayin abin da mai buhu ke gani da idonsa kowace ranar kasuwa, wanda da shi yake halatta wa kansa zillewa.

Zuciya kuwa ba sai kin shiga ba, kunne za ki kasa. Ki duba wa abin ya rage wa, hukuma da mai ƙarfi ko maƙwabci. Ki duba ko sauran 'yan kasuwa suna rufa wa mai yi asiri. In mai rasit ya tunkaro, akwai wanda ke yin tari ko ya kira wani suna don a ankara? In akwai, kin samu abin da kike nema, don ba a yi wa mai algus wannan gatan, shi tona shi ake yi. Sannan ki saurari dalilin da suke bayarwa in suna tsakaninsu: za ki ji ana cewa shekara nawa muna biya ba rumfa, ba masai, ba rijiya. Wannan hukunci ne suke yanke wa hukuma, ko da ba su kira shi siyasa ba.

Hajiya Malama:

Ƙari ɗaya, kuma ki riƙe shi da kyau. Abin nan yana aiki ne saboda ba a san masu yinsa ba. Kada ki rubuta sunan kowa, kada ki naɗi murya sai da izini, ki sauya sunan garin yadda Scott ya sauya na ƙauyensa. Kundinki zai zauna a laburare, kuma ba ki san ɗan wa zai buɗe shi ba. Kar ki je da takardar tambayoyi kina cewa Baba kana gudun haraji? Zai ce miki shi bai taɓa ba, Allah ya taimaki gwamnati. Ki zauna rumfar wata gwaggonki ki taya ta awo har a manta da ke.

Tsohon Ma'aikacin Ƙaramar Hukuma:

In kin gama da su ki nemi masu rasit ɗin ma, amma ba a kasuwa ba, ki same su a gida bayan la'asar. Ki tambaye su nawa aka yanka musu su kai kowane mako, da abin da ke faruwa in bai cika ba.

Ɗan Adawa:

Ni dai har yanzu na ce babin kabal zai fi daɗin karatu. Amma tunda Malam ya ba shi shafi ɗaya, ƙanwata ki turo min shafin in duba miki kwanakin wata kafin ki kai.