Me za mu kira F32 da F33 da Hausa?

Mai tambaya: Assalamu alaikum ƴan'uwa. Ina aikin cika rajistar marasa lafiya a nan Damagaram, kuma kalma guda ta gagare ni. Idan lokotoro ya duba mutum ya ga alamun abin da Faransawa ke kira dépression, lamba yake rubutawa daga kundin cututtuka na Hukumar Lafiya ta Duniya, bugu na 10: F32 in karon farko ne, F33 in ciwon ya taɓa zuwa ya tafi ya dawo. Bayan ɗigo sai girmansa: F32.0 ƙarami, F32.1 tsaka-tsaki, F32.2 mai tsanani, F32.3 mai tsanani har mutum na jin muryoyi ko ganin abin da babu. Bugu na 11 da ya fara aiki a Janairun 2022 ya sauya su zuwa 6A70 da 6A71. Lamba dai ta zauna. Amma in uwar yaro ta riƙe karne, wato littafin asibiti, ta ce "ɗana, me aka rubuta nan?", me zan ce mata? A rediyo ina jin "ciwon damuwa". Ya isa?

Wata ungozoma daga unguwar Zengu: Wa alaikumus salam, ƙanena. Ni da "ciwon damuwa" nake aiki, don mata sun san shi, ba sa tsorata. Ka ce wa mai jego taɓin hankali, wallahi ba za ka sake ganinta ba, uwar miji ta wuce da ita wurin mai ruƙiyya. Kuma mu muke ganinsu da yawa: an yi suna, ana shagali, ita ko kallon jaririn ba ta son yi, kunun kanwa na sanyi a gabanta.

Wani ma'aikacin jinya: Hajiya, na yarda da batun tsoro, amma damuwa ta yi faɗi. Wanda aka sace wa babur a Kasuwar Dole yana cikin damuwa. Mai jiran sakamakon jarrabawa ma haka. Sannan ga inda za mu yi karo: F41.1 ciwon fargaba ne, wanda gaban mutum ke faɗuwa kullum ba dalili, kuma shi ma na ji ana ce masa damuwa. F41.2 kuwa gaurayen fargaba da dépression ne. Me za mu rubuta a nan, "damuwa haɗe da damuwa"? Tunda kundin ya raba su, harshe ma ya raba.

Wani ɗalibi: To "baƙin ciki mai tsanani" fa?

Malamin Hausa daga unguwar Birni: A'a ɗana. Baƙin ciki fuska biyu gare shi. Ka ce wance tana da baƙin ciki, rabin masu ji za su ɗauka hassada kake nufi. Ɗaya fuskar kuma ta rashi ce: matar da ke takaba wata huɗu da kwana goma tana baƙin ciki, ba kuwa cuta ke gare ta ba. "Mutuwar zuciya" ma kada wanda ya kawo ta, zagi ce, ragon da ya ƙi neman na kansa ake wa ita, kuma ainihin zargin da masu wannan ciwo ke sha a gida ke nan. Duk abin da ya fara da "ciwon zuciya" kuma zai tura mutum layin masu hawan jini. Ni ƙunci nake gani. Mai ƙunci duniya ta yi masa matsi, ba abin da ke masa daɗi. Ku gwada ta da alamun da kuke dubawa.

Ma'aikacin jinya: Bari in gwada, Malam. Littafin likitocin ƙwaƙwalwa na Amurka, DSM-5 na 2013, alamu 9 ya jera, sai 5 sun taru na tsawon mako biyu: ran mutum a jagule kusan kullum, abin da yake so a da ya fita ransa, cin abinci ya ragu ko ya ƙaru, barci ya ƙaurace ko ya yi yawa, jiki ya yi nauyi ko ya kasa zama wuri guda, kasala, ganin kai ba a bakin komai ba, kasa tattara hankali, da tunanin mutuwa. Dole ɗaya daga biyun farko ta kasance ciki. Saurayin da ya daina zuwa fada, aka aika masa shayi ya bar shi a kofi, ya kwana ido biyu, ƙunci ta fi damuwa kama shi. Gyarana guda: ƙunci ita kaɗai za a ji ta kamar ƙuncin rayuwa, wato talauci. A ce "ciwon ƙuncin rai".

Mai tambaya: Na karɓa. Saura kalmar da ta fi ba ni wuya, majeur, wato "babba", wadda ake liƙa wa sunan ciwon da Faransanci a ce dépression majeure. Da na so in ce "babban ciwon ƙuncin rai", sai na ga F32.0 zai zama "babba ƙarami". Kalmar da ma ba girma take nufi ba, nufinta alamun sun cika adadi. Su kansu Faransawa da suka fassara DSM-5 sun ajiye majeur suka ɗauki caractérisé saboda wannan ruɗani.

Malamin Hausa: To ai ka ba kanka amsa. Sun cika, sai ka ce cikakke. Cikakken ciwon ƙuncin rai, sannan mai sauƙi, matsakaici, mai tsanani. Batun karon farko da na dawowa kuma, kada ku ƙirƙiro komai, Bahaushe cewa yake ciwo ya tashi. F32 tashin farko, F33 mai dawowa. Na F32.3 "mai gane-gane da jiye-jiye", haka tsofaffi ke faɗa, kuma kalmar hauka ba ta shigo ba.

Ungozoma: Malam, Allah ya ƙara sani. A takarda zan bi ku. A ɗakin awo kuwa da damuwa zan buɗe zance, in mace ta saki jiki sai in kai ta ga ƙuncin rai. Amma kun bar F33.4, wanda ya taɓa yi sau da yawa, yanzu babu alama. Kada ku rubuta "ya warke". Ranar da suka ji warke, ranar ake ajiye magani.

Mai tambaya: Gaskiyarki, Yaya. "Ya lafa" zan sa. Na fargaba, F41, mu bar shi zuwa wani zama, don na ga tsakanin fargaba da zullumi ma akwai gardama.