Marubuta mata na ƙasar Ailan: da wa zan fara?

Zainab: Assalamu alaikum 'yan zaure. Shawara nake nema. Duk marubutan Ailan da aka koya mana a makaranta maza ne, su Yeats da su Joyce. Yanzu matansu nake son karantawa, masu ƙagaggun labarai da masu rubutattun waƙoƙi. Kun san yadda kuɗin littafi yake, biyu ko uku kawai zan iya saye. Da wa zan fara?

Anti Rabi: Wa'alaikumus salam Zainabu. Edna O'Brien, ba na ko tantama. 'Yar ƙauye ce daga gundumar Clare, an haife ta a 1930, ta yi karatun haɗa magunguna a Dublin kafin ta kama rubutu. Littafinta na farko, The Country Girls, ya fito a 1960. Labarin 'yan mata biyu ne da suka tashi a karkara, aka kai su makarantar kwana ta sistoci, daga baya suka shiga birni. In kika karanta shi yau za ki ce to ina abin tayar da jijiyar wuya? Amma hukumar tace littattafai ta ƙasar ta haramta shi, ta kuma haramta biyun da suka biyo bayansa. Laifinta shi ne ta bar 'yan mata sun faɗi abin da ke ransu da bakinsu: soyayya, tsoron uba mashayi, gajiya da zaman ƙauye. Ita da kanta ta ba da labarin cewa bayan rasuwar mahaifiyarta ta tarar da littafin a ɓoye, uwar ta bi da baƙar tawada ta shafe duk kalmar da ba ta yi mata ba. Wallahi wannan ya fi haramcin gwamnati taɓa ni. A Landan ta yi yawancin rayuwarta, can ta rasu a Yulin 2024 tana da shekara 93, aka mayar da ita Clare aka binne.

Malam Habu: Anti ta faɗi gaskiya. In ƙara da cewa littafinta na ƙarshe a ƙagaggun labarai, Girl, na 2019, a kan ƙasarmu yake. Ta haura shekara 80 ta taso ta zo Najeriya har sau biyu, ta zauna da matan da suka kuɓuto daga hannun Boko Haram. Ina ganin da shi ya kamata Malama Zainab ta fara, tunda ƙasar ba baƙuwarta ba ce.

Falmata: Malam, a nan kam ban bi ka ba. Na karanta shi, kuma a Maiduguri na tashi. Tsohuwar ta yi ƙoƙari, ba ta zo da raini ba. Wurin da yarinyar ta dawo gida da goyo, dangi suna kallon jaririyar kamar abin kunya, ta kama shi daidai, domin mun ga haka da idonmu. Amma bakin da yarinyar take magana da shi ba na 'yar Borno ba ne. Ina karantawa ina jin muryar Edna. Wanda bai san yadda take rubuta ƙauyensu ba ba zai gane abin da ya kawo ta wurinmu ba. Zainab, ki fara da na 1960, ki bar Girl sai daga baya.

Malam Habu: Na karɓa, ke ce ganau.

Sadiya: Ku bar ni in shigo da waƙa, kada a manta da ita. Yaya Zainab, Eavan Boland. An haife ta a Dublin a 1944, 'yar manya ce, mahaifinta jakada ne wanda har ya shugabanci Babban Taron Majalisar Ɗinkin Duniya a 1960. Da ta yi aure ta tare a Dundrum, wata unguwa a gefen Dublin, ta haifi 'yan mata biyu. Sai ta duba waƙoƙin ƙasarsu ta ga mace tana ko'ina a ciki, amma a matsayin alama: ita ce ƙasar, ita ce tsohuwar da samari za su mutu dominta. Macen da ke tashi da asuba ta haɗa wa jaririya madara kuwa babu ita. Shi ne ta sa ta a ciki. Kundinta Night Feed na 1982 ke nan: kwalbar madara, tsumman yara a igiya, fitilun maƙwabta da magariba. An yi ta cewa wannan ba abin yi wa waƙa ba ne, ba ta fasa ba.

Akwai wata waƙarta mai suna Quarantine da nake so ki nema ko ba ki sayi komai nata ba. A hunturun 1847 ne, lokacin babbar yunwa. Mutum ya fito da matarsa, zazzaɓi ya hana ta tafiya, ya goya ta a bayansa suka yi ta tafiya cikin sanyi. Da safe aka same su duka sun mutu, ya rungume ƙafafunta a ƙirjinsa yana ɗumama mata. Baiti kaɗan ne, babu ado ko ɗaya. Duk sanda na karanta sai na ajiye wayar na yi shiru. Ta koyar a jami'ar Stanford a Amurka tun 1996, ta rasu a Dublin a Afrilun 2020.

Zainab: Allahu akbar. Sadiya kin sa jikina ya yi sanyi. Wane kundi zan nema?

Sadiya: Ki nemi wanda aka tattara zaɓaɓɓun waƙoƙinta, ya fi riba. In kuma rayuwarta kike so, Object Lessons na 1995, a zube ta rubuta shi.

Malam Habu: Kada a ɗauka sai ƙarni na 20 matansu suka fara. Marsiyyar da ta fi kowace shahara a harshensu na asali mace ce ta yi ta, Eibhlín Dubh Ní Chonaill, a 1773. A lokacin akwai dokar Turawan Ingila da ta hana ɗan Katolika mallakar dokin da ya wuce fam 5. Mijinta Art O'Leary yana da goɗiya ta gani ta faɗa, wani mai riƙe da sarautar yankin ya nemi ya saya a fam 5 ɗin, ya ƙi. Rigima ta yi tsanani har sojoji suka harbe shi a gundumar Cork. Goɗiyar ta dawo gida ita kaɗai da jini a jikinta, matar ta ɗare ta, ta kai ta inda gawar take. Da ka ta yi marsiyyar, mata suka yi ta riƙe ta baki da baki shekaru masu yawa kafin a sa ta a takarda. Akwai fassararta da Turanci iri-iri.

Maman Ihsan: Malam ka riga ni. Wanda ya kai ni ga wannan marsiyya shi ne A Ghost in the Throat na Doireann Ní Ghríofa, 2020. Uwa ce mai 'ya'ya huɗu, tana shayarwa tana wanki tana bin sawun Eibhlín a tsofaffin takardu. Abin takaicin, ta samu labarin mijin da 'yan'uwanta maza da ɗan ɗan'uwanta Daniel O'Connell, shahararren ɗan siyasar nan, amma ita mai waƙar ko kabarinta ba a sani ba. Masu goyo a zauren nan, wannan naku ne.

Sannan akwai Nuala Ní Dhomhnaill, wadda aka haifa a Ingila a 1952, aka kai ta riƙo yankin Kerry tana 'yar shekara 5. Ta iya Turanci sarai amma da harshensu na asali, wato Airish, kaɗai take waƙa, duk da masu jin sa ba su da yawa. Tana da wata waƙa da ta kwatanta hakan da mahaifiyar Annabi Musa da ta sa jaririnta a ruwa, tana fatan ya faɗa hannun da zai raine shi. Kundin Pharaoh's Daughter na 1990 yana ɗauke da waƙoƙin da fassararsu shafi da shafi.

Nura: Ni nawa mai sauƙi ne. Claire Keegan, Small Things Like These, 2021. Bai kai shafi 130 ba, Turancinsa ba mai karya haƙori ba ne. Wani mai sayar da gawayi ne a garin New Ross, dab da Kirsimetin 1985, ya kai kaya gidan sistoci da sassafe ya tarar an kulle wata yarinya a ɗakin gawayi. Shi ma 'ya'yansa mata biyar, kuma duk garin ya san wa ke da iko da makarantar da suke so su shiga. Irin gidajen nan na sistoci masu sana'ar wanki da ake tsare 'yan matan da suka yi ciki ba aure gaskiya ne, na ƙarshensu sai a 1996 aka rufe shi, gwamnati ta nemi gafara a 2013. Sai kuma Sally Rooney, ita matasa ke yayi yanzu.

Anti Rabi: Keegan na yarda da ita ɗari bisa ɗari. Rooney ta iya zance tsakanin saurayi da budurwa, amma Zainabu ki sani akwai wuraren da ta buɗe komai, ba littafin da za ki bari a falo ba ne. Ni dai ba zan ba ta gurbi cikin uku ba.

Zainab: Na gode ƙwarai, Allah ya bar zumunci. O'Brien da Boland sun shiga. Na ukun ne nake ta juyawa tsakanin Keegan da na Maman Ihsan.

Falmata: Kafin ki yanke, ki saurari wannan. Littafin da ya fi kama rayuwar da muka yi a Maiduguri ba ma a kanmu aka rubuta shi ba. Milkman ne na Anna Burns, 'yar Belfast, wanda ya ci kyautar Booker a 2018, ita ce ta farko daga Ailan ta Arewa da ta ci. Yarinya ce 'yar shekara 18 a lokacin rikicinsu na shekarun 1970. Wani babba cikin masu ɗauke da makamai ya sa mata ido, yana tare ta a hanya da mota, bai taɓa ta ba, don haka ba ta da abin da za ta kai ƙara. Unguwa kuwa ta riga ta yanke cewa farkarsa ce, har uwarta ta yarda. Ba a ambaci sunan garin ba, kusan kowa da laƙabi ake kiransa, saboda a irin wannan zaman kama suna kasada ne. Mun yi shekaru ba ma faɗin sunan mutanen nan a fili ko a cikin gida, sai dai mu ce yaran nan. Burns ta rubuta shi cikin rashin lafiya da rashin kuɗi, har a shafin godiya ta gode wa wurin da ake raba wa mabuƙata abinci kyauta. Sakin layinsa dogaye ne, wasu suna cin shafi biyu, shafukan farko za su ba ki wuya. Ki riƙa karantawa a bayyane kamar mai ba da labari, zai sake miki. In Keegan kika zaɓa, zan ba ki aron Milkman ɗina idan na shigo Kano bayan salla.