Taƙaitattun shawarwari kan sauya jeri tsakanin Scala da Java

A wata tattaunawa kan yadda ake sauya jeri (list) tsakanin harsunan rubuta manhaja na Scala da Java, masu tattaunawar sun yi ittifaƙi a kan abu guda: daga Scala 2.13 a shigo da scala.jdk.CollectionConverters, a kira asScala ko asJava a fili. Tsohuwar JavaConversions mai sauya nau'i a ɓoye an cire ta, kuma gwamma haka.

Inda aka fi daɗewa shi ne cewa asScala ba ta kwafar komai, lulluɓe jerin kawai take yi. Idan ɓangaren Java ya ƙara wani abu, zai bayyana a Scala. Mai son jerin da ba ya canzawa sai ya bi ta da toList. Haka kuma List na Scala da aka miƙa da asJava zai jefo kuskuren UnsupportedOperationException da zarar Java ta kira add don ƙara abu, tunda List na Scala ba ya canzawa.

Lambobi ma tarko ne: List[Int] ba ya zama java.util.List[Integer] sai an fara bi da map(Int.box), mai mayar da kowane Int na Scala zuwa Integer na Java.

A guji asInstanceOf, wato tilasta wa abu wani nau'i ba tare da an sauya shi ba. Tun kafin manhaja ta fara gudana a JVM (injin da ke gudanar da Java da Scala) ake goge nau'in abin da ke cikin jeri, don haka kuskuren zai wuce shiru, sai can gaba ClassCastException, kuskuren rashin dacewar nau'i, ta fashe. Jeri cikin jeri kuwa, kowane hawa sai an sauya shi da kansa.